Duk Hausa muke ji, amma ba ma jin juna

Akwai abin da ya daɗe yana damuna game da yadda mu Hausawa muke magana da junanmu, kuma duk sanda aka kira ni zaman sulhu a cikin dangi sai ya ƙara fitowa fili. In Bayarabe ko Ibo ɗan Sabon Gari ya ce wa namiji "ke", ko ya ce wa dattijo "kai zo nan", ba mai ɗaukar zafi, sai dai ma a ce ai ya yi ƙoƙari, a sayi kayansa a wuce. Muna yi masa uzuri don mun san ba harshensa ba ne. Amma da zarar wanda ke gabanka Bahaushe ne ɗan'uwanka to shikenan uzuri ya ƙare, duk abin da ya fito daga bakinsa ka riga ka yanke cewa ka gane shi sarai, kuma abin da ka gane ɗin shi yake nufi, in ya yi maka daɗi to, in bai yi ba ka ce da gangan ya yi. Wallahi da yawa daga cikin gabar da ake yi a gidajenmu, wadda ake ɗora wa mugun hali ko girman kai ko munafunci, in ka bi ta a hankali sai ka tarar mutum biyu ne kowa ya yi Hausarsa, ɗaya bai ji ta ɗaya ba, kuma ba wanda ya san bai ji ba.

Ni Bakatsiniya ce aure ya kawo ni Kano, dangin mahaifiyata kuma da yawansu suna Maraɗi. Wanda bai san tarihi ba sai ya ɗauka wasu mutane ne daban, alhali sarakunan Katsina ne da jihadi ya fitar a 1807 suka nausa arewa har suka kafa Maraɗi, shi ya sa har gobe sarautar can Sarkin Katsina ake ce mata. Daga baya Turawan Ingila da na Faransa suka zo suka ja layi a tsakani, mu aka ɗora mana Turanci su aka ɗora musu Faransanci, amma biki da suna da ta'aziyya ba su tsaya ba, ta Jibiya da Ɗan Issa ake ta kai da kawowa. To akwai 'yar ƙanwar mahaifiyata da aka kawo aure nan Kano, yarinya mai fara'a mai son hira, a gidansu in tana waje ba ka jin muryar kowa sai tata. Gidan da aka kawo ta babban gida ne, ga facaloli ga ƙannen miji 'yan mata, tana buɗe baki ta ce "munka tahi" ko "shi zo" sai a kwashe da dariya, ta ce yaro ya tafi lakwal, wato makaranta, a sake kwashewa, ranar da ta ce yayanta mushe ne, ita tana nufin malamin makaranta kamar yadda ake faɗa a can, ranar kam har da masu riƙe ciki, aka mayar da shi abin tsokana ana ce mata ƙanwar mushe. Lissafin kuɗi ma ya zama abin magana, don ita ta tashi inda sefa biyar ita ce dala ɗaya, sefa ɗari dala ashirin, sefa dubu jika guda, a nan kuwa tsofaffi in sun ce jaka naira 200 suke nufi, ragowar lissafin fam ɗari na kafin a sauya kuɗi a 1973, yaran yanzu ma ba su san jakar ba sam. Sai aka mayar da ita wadda ba ta iya kuɗi ba.

Me ya faru? Yarinya ta kama bakinta. Ta gaishe su ta koma ɗaki, a tambaye ta ta ce eh ko a'a. Ba a yi nisa ba ƙorafi ya iso gare ni cewa 'yar uwarki miskila ce, girman kai gare ta, ba ta son dangin miji, ba ta shiga mutane. Su a wajensu wasa suke yi da amarya kamar yadda ake yi a ko'ina, kuma da gaske ba na jin akwai mugunta a ransu, ita kuma a wajenta kullum ana nuna mata ita baƙauya ce. Abin da ya fi ba ni haushi a nan shi ne da Bazabarma ce aka kawo tana haɗa Hausa da ƙyar, da lallaɓa ta za su yi suna koya mata. Don ta iya Hausa ne ba a ji tausayinta ba.

Kuma laifin ba na gida ɗaya ba ne. Daidaitacciyar Hausa da ake koyarwa a makaranta, wadda ake karanta labarai da ita, a kan Kananci aka fi gina ta, sai hakan ya sa wasu Kanawa suke ganin tasu ita ce Hausa sauran duk karkacewa ce, Basakkwace ya yi magana a kwaikwaye shi, Bazazzagi ya ce "mota ne" ko "matan shi" a ce bai san mace da namiji ba, ɗan zango daga Kumasi ya zo a ce wannan ai ba Bahaushe ba ne. A Nijar tun watan Maris na 2025 an ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa, abin da mu a nan ba mu samu ba, amma har yanzu ɗan Damagaram in ya shigo Kantin Kwari yakan ɗan gyara harshensa don kar a raina shi a ciniki.

Duk da haka wannan na karin harshe shi ne mai sauƙi, don kunne yana jin bambancin, ana iya zama a yi bayani a wuce wajen. Mai wuyar shi ne inda kalmomin iri ɗaya ne sak, amma abin da ake nufi da su ya bambanta tsakanin mai faɗa da mai ji.

Mu mutane ne da aka gina maganarmu a kan kunya da kara da kawaici. Abu mai nauyi ba a faɗarsa kai tsaye, kewaye shi ake yi, wani lokacin ma rashin faɗar shi ne faɗar. Mace ba ta kiran sunan mijinta, sai Malam ko Alhaji ko baban wane ko kawai "shi". In an sa wa yaro sunan kakansa sai ya koma Abba, in mace ce ta koma Ummi, don ba mai iya tsayawa tsakar gida yana ƙwala kiran sunan surukinsa. Ɗan fari kuwa uwa ba ta kiran sunansa, ba ta wasa da shi a gaban mutane, wata ma ba ita ke riƙe shi ba, da an yaye shi kaka ko gwaggo ta ɗauke. A zamanin iyayenmu kowa ya san ma'anar wannan, ɗan farin kansa ya sani, ya san wannan kauda kan da ake yi masa matsayi ne. Amma ina da ɗan'uwa, ɗan fari ne a ɗakinsu, ya yi makarantar kwana tun yana ƙarami ya tashi cikin yaran da iyayensu mata ke zuwa ranar ziyara su rungume su suna kiran sunansu, shi kuwa in ya dawo hutu abin da zai samu shi ne "an dawo?" fuska a gefe, ga auta ana ta ji da shi. Har ya yi aure ya haihu yana ɗauke da abin nan a ransa cewa shi ba a son sa. Ita kuma baiwar Allah duk tsawon shekarun nan akuyoyinta take sayarwa tana ba wa kawunsa kuɗin a ɓoye ya kai masa makaranta a ce daga kawu ne, don kar a ce ta yi rashin kunya a kan ɗan fari. Ita ta yi magana da harshen da aka koya mata, shi kuma ba wanda ya koya masa jin wannan harshen, kamar a miƙa maka kwaɗo a riƙe mukulli. Ba na ganin laifinta ko kaɗan, shi ma ba na ganin nasa. Waɗanda nake ganin sun yi sake su ne manyan da ke tsakani, kawunnai da gwaggwanni, da suka ga yaro yana janyewa ba wanda ya zaunar da shi ya fassara masa uwarsa.

Haka kalmominmu na yau da kullum suke. A kasuwa ka taya kaya a ce maka albarka, kowa ya san an ƙi ne. Ka je neman alfarma a ce "za a duba" ko "sai na neme ka" ko "Allah ya kai mu", mai hankali ya san inda aka dosa. "To" kaɗai tana iya zama na yarda, tana iya zama na ji amma ban yarda ba, tana iya zama ka yi ka gani. "Ba komai" kuwa, musamman a bakin mace, ita ce kalmar da ta fi kowace ɗaukar kaya a gidan aure. Miji ya zo ya ce zai ƙara aure, ta ce ba komai Allah ya sanya alheri ya ba mu zaman lafiya, don abin da tarbiyya ta ce ta faɗa kenan, in ta faɗi wani abu daban a ce ba ta da tawakkali. Shi kuma ya fita majalisa yana ba da labari cewa ai uwargida ita ma murna take yi. A nan fa sai na raba maza gida biyu. Akwai wanda da gaske bai gane ba, ya ɗauki maganar a yadda ta zo, wannan ana iya fahimtar da shi. Akwai kuma wanda ya gane sarai, ya ga idonta ya ji muryarta ya san komai ne fal a cikin "ba komai" ɗin nan, amma ya zaɓi ya laɓe a bayan lafazin, gobe in magana ta tashi ya ce ai na tambaye ki kin ce ba komai. Wannan shi ne yake cin amanar kunya, don an kewaye maganar ne saboda a girmama shi, shi kuma ya yi amfani da kewayen ya tsere wa nauyin da ke kansa. Kuma ba maza kaɗai ba, na ga uwar miji da ta yi wa suruka irin wannan, na ga yaya da ya yi wa ƙannensa mata a rabon gado, ya ce ko akwai mai magana, ya san sarai ba mai iya ɗaga ido a gabansa, sannan ya ce kowa ya amince.

Inda abin ya fi tsanani shi ne shirun budurwa. Hadisi ne ingantacce cewa ana neman izinin budurwa kafin a aurar da ita, kuma da Nana A'isha ta ce ai budurwa tana jin kunya sai Annabi (SAW) ya ce shirunta shi ne izininta. Wannan sauƙi ne aka yi wa yarinyar da take so amma kunya ta hana ta furtawa. Malaman Malikiyya ma sun so a sanar da ita tun farko cewa in ta yi shiru za a ɗauka ta yarda, don ta san abin da shirun nata zai jawo. Kuma ga labarin Khansa'u bint Khidam, bazawarar da mahaifinta ya aurar ba da son ta ba, ta kai ƙara Annabi ya warware auren. Amma a gidajenmu yaya ake yi? A kira yarinya gaban uba da baffanni, ɗaki cike da manya, ita da ko ruwa ba ta iya sha a gabansu, a ce mun ba wa wane ke, kina da magana? Ta sunkuyar da kai hawaye na zuba, a ce alhamdulillahi ta yi shiru. Shirun so daban, shirun tsoro daban, kuma matan gidan sun san bambancin tsaf, kaka ta sani, gwaggo ta sani, da za a tura ɗayarsu ta shiga ɗaki da yarinyar su biyu da an ji gaskiya kafin la'asar. Ba a turawa ne don ba a son jin amsar. Sai bayan wata uku an fara yaji ana biko, a dawo ana cewa yaran zamani ba su da haƙuri.

A asibiti ma haka. Ka tambayi mara lafiyarmu ya jiki, ko numfashi yake da ƙyar "da sauƙi" zai ce, don ba a kai ƙarar Allah, kuma mace ta zo da ciwon da ya shafi al'aura sai ta ce ciwon mara ko sanyi ta tsaya nan. Likitan da ya san mutanensa ba ya rubuta komai a kan amsar farko, sai ya sake tambaya ta wata hanyar, ko ya sa a fitar da surukar da ta rako ta. Wanda layi ya yi masa yawa kuwa sai ya rubuta maganin abin da aka faɗa masa.

Sai gatse. Mu da muka tashi a hannun iyayen da, in ka ce za ka je wani waje uwa ta ce "je ka mana, ai kai ke da kanka" to ka san zama ya kama ka. Yaran yanzu da yawansu, musamman waɗanda suka fi jin Turancin makaranta da na katun fiye da Hausar tsakar gida, in ka yi musu gatse sai su ce to su ɗauki takalmi, kuma har ga Allah su a ganinsu izini aka ba su. Uwa ta zauna tana kukan ɗanta ya raina ta, yaro yana can yana mamakin me ya yi. Ni dai a kan yara na fi ganin a faɗa musu abu a fili, in ya so a hankali sa koyi sauran, don ba adalci ba ne ka hukunta yaro da harshen da ba ka koya masa ba.

Yanzu kuma duk wannan maganar tamu mai kewaye-kewaye, wadda rabinta a murya take da fuska da wanda ke zaune a wajen, mun kwashe ta mun zuba a waya. Habaici da zambo da gugar zana ba yau aka fara ba, kakanninmu a bakin dutsen niƙa da wajen daka suke sakin nasu cikin waƙa, kishiya tana ji ta san da ita ake, ta rama in nata aikin ya zo, abin ya tsaya a tsakar gida. Yau mace za ta ɗora habaici a sitatus na WhatsApp da mutum ɗaya a ranta, mutum goma su gani kowa ya tsargu, facala ta ce da ni take, ƙanwar miji ta ce da ni take, aminiya ta daina gaisuwa, wadda aka yi domin ta ma wataƙila ba ta da data ranar. Wasan barkwanci ma haka, tsakanin Kanawa da Zazzagawa, Fulani da Barebari, Gobirawa da Yarbawa, taubasai, jika da kaka, abu ne mai daraja da ke kashe gaba, har UNESCO, hukumar raya al'adu ta Majalisar Ɗinkin Duniya, ta sa na Nijar cikin jerin al'adun duniya a 2014. Amma wasan yana tafiya ne in duk ɓangarorin sun san wasa ne. A Facebook Bafulatani zai tsokani Babarbare abokin wasansa, wani yaro da bai san da wannan alaƙar ba ya shigo ya ɗauka cin mutuncin ƙabilarsa ake yi, kafin ka ce me an koma zagin iyaye.

Sannan akwai matsalar rubutun kansa wadda ba kowa ke lura da ita ba. Hausa harshe ne mai karin sauti, hawa da saukar murya da jan wasali ko taƙaita shi suna sauya ma'ana gaba ɗaya, amma rubutun boko da muke amfani da shi ba ya nuna ko ɗaya. Tun ƙa'idojin da Hanns Vischer, wanda ake kira Ɗan Hausa, ya fitar a 1912, har aka zo aka shigo da haruffa masu lanƙwasa a shekarun 1930, an bar wa mai karatu ne ya cike sautin da kansa daga yanayin zancen. A littafi ko jarida wannan ba ya cika damuwa don jimla tana da gaba tana da baya. A tes na waya kuwa, kalma huɗu ko biyar ne, an rubuta cikin fushi, za a karanta cikin fushi, ba gaba ba baya. "Ya zo" a rubuce tana iya zama ya riga ya iso, tana iya zama umarni a ce masa ya zo, tana iya zama ai zai zo, baki yana bambance su ba tare da ka yi tunani ba, allon waya kuwa duk ɗaya ne.

Na ga inda wannan ya taɓa igiyar aure, kuma shi ne dalilin da ya sa na zauna rubuta wannan. Wasu ma'aurata ne a danginmu, sun sami saɓani a kan zuwa wani biki, shi ya ce ba za ta ba, ita ta ce ai tun sati biyu ya amince, ya fita kasuwa suka ci gaba da musu ta waya. Can sai ya rubuto mata: "In kika fita daga gidan nan na sake ki." Ita kuma zuciya ta ɗebe ta, ta yafa mayafi ta fita, daga wajen bikin ba ta koma ba ta wuce gidansu ta nuna wa iyayenta saƙon ta ce ya sake ni. Da yamma sai ga shi hankali a tashe yana rantsuwa shi bai saki matarsa ba, gargaɗi ya yi. Aka ce ga rubutunka, ya ce eh rubutuna ne amma ba haka na faɗa ba. Kuma duk Bahaushe in ya natsu zai gane abin da yake nufi. Akwai "na" da ake ja a miƙe, ta abin da ya riga ya tabbata, wadda in ka haɗa ta da sharaɗi ma'anarta da zarar kin fita saki ya auku. Akwai kuma "na" da murya ke hawa ta faɗo, irin ta "bari na gama, na zo", 'yar uwar "kya gani" da "ma haɗu", wadda ke nufin zan yi nan gaba. Ta farko saki ne da aka rataya a kan sharaɗi, in sharaɗin ya cika ya faɗa. Ta biyu barazana ce, kuma wanda ya ce zai yi saki bai yi ba tukuna. A baki ba mai rikita su, a rubuce harafi biyu ne iri ɗaya.

Dama can malaman fiƙihu sun san hatsarin lafazi a wannan babin, shi ya sa suka raba lafazin saki zuwa bayyananne da kinaya, suka yi ta bayani a kan irin su "tafi gidanku" da "na haƙura da ke", inda wani sai an koma ga niyyar mai faɗa. Zihari ma magana ce kawai, mutum ya kamanta matarsa da mahaifiyarsa, amma sai da aka saukar da farkon Suratul Mujadala a kansa bayan koken Khaula bint Sa'alaba, da kaffara mai nauyi, 'yanta bawa ko azumin wata biyu a jere ko ciyar da miskinai 60. Addini bai ɗauki furucin miji da wasa ba, mu ne muka mayar da shi abin tsoratarwa a kan zuwa biki da gishirin miya.

To aka kai magana gaban malamai. Na farko ya sa shi ya maimaita jimlar da bakinsa yadda ya nufa, ya maimaita, ya ce in zai rantse a kan haka to aure yana nan. Iyayen yarinya ba su gamsu ba suka je wajen wani, shi kuma ya ce shi abin da ke rubuce yake gani, kuma zahirinsa saki ne a kan sharaɗi, kowane miji in ya yi nadama zai iya cewa da wata muryar ya rubuta, don haka saki ɗaya ya faɗa, sai dai ya mayar da ita tunda tana cikin idda. Ni ba malama ba ce kuma ina ganin kowannensu yana da abin riƙewa. Abin da na tsaya a kai a zaman shi ne shi mijin ba shi da bakin cewa an yi masa mummunar fahimta, don ko da wace murya ya rubuta, shi ya ɗauko kalmar saki ya sa a cikin musun biki, kuma ya aika ta ta hanyar da ba ta ɗaukar murya. Ita ma na faɗa mata tsakanina da ita cewa ta san mijinta, da ta kira shi ta ce me kake nufi kafin ta taka ƙofa da ba a kai nan ba, ta ce min Anti a lokacin ba na son in ji yana nufin wani abu daban. Wannan amsar tata ta tsaya min a rai, don gaskiya ta faɗa, sau da yawa ma'anar da muke ɗauka ita ce wadda fushinmu yake buƙata a lokacin.

Tun daga nan nake ce wa ƙannena maza da mata duk maganar da ta shafi aure ko kuɗi ko iyaye kar a yi ta a rubuce, a kira, in ba hali a yi saƙon murya, in da hali ma a bari sai an haɗu. Na san saƙon muryar ma ba tsira ba ne, don ana tura shi guruf ɗin dangi, wanda ba da shi aka yi ba ya saurara sau biyar yana tsintar abin da zai riƙe, amma ko ba komai muryar tana nan, ana jin inda ta hau da inda ta sauka.

A ƙarshe manya suka zaɓi su bi hanyar da ta fi kariya, aka lissafa saki ɗaya, ya mayar da ita a gaban shaidu, yanzu saura igiya biyu a tsakaninsu. Suna zaune har sun ƙara haihuwa. Shi har yau in zancen ya taso cewa yake an ci masa igiya ɗaya a banza, mahaifiyarta kuma har yau ba ta sake sakin jiki da shi ba, ta ce ita da idonta ta karanta.